Wa Ke da Ikon Rufe Tashar Nukiliya? Abin da Fukushima Ta Fallasa Game da Hukumomin Sa Ido

Da ƙarfe 2:46 na rana, ranar Juma'a, 11 ga watan Maris na 2011, girgizar ƙasa mai ƙarfin maki 9 ta auku a ƙarƙashin teku, daura da gaɓar arewa maso gabashin Japan. Tashar nukiliya ta Fukushima Daiichi, wadda kamfanin wutar lantarki na Tokyo, wato TEPCO, ke gudanarwa, tana da tukwanen nukiliya shida. Uku suna kan aiki a wannan rana, sauran ukun kuwa an tsayar da su domin duba lafiyarsu. Cikin 'yan daƙiƙoƙi na'urorin tsaro suka yi abin da aka ƙera su dominsa, suka kashe tukwane ukun da ke aiki ba tare da jiran umarnin kowa ba. Saboda haka lokacin da igiyar sunami ta iso, kimanin minti 50 bayan girgizar, ta tarar da tashar a kashe. Duk da haka, cikin kwana uku zuwa huɗu makamashin da ke cikin tukwanen nan uku ya narke. Duk wanda ya fahimci yadda abin da aka riga aka kashe zai narke, ya kama bakin zaren dalilin da ya sa ba a barin kamfani shi kaɗai da tashar nukiliya.

A zahiri tashar nukiliya wurin tafasa ruwa ce. Ana tafasa ruwa, tururinsa ya juya farfelar injin, injin ya juya janareta, wuta ta fito, kamar dai yadda ake yi a tashar da ke ƙona gawayin kwal. Bambancin yana ga abin da ke ba da zafin. A nan ƙwayar zarra ta yuraniyom ce ke tsagewa idan wani ɗan ƙanƙanin ɓarɓashi da ake kira niyutiron ya doke ta, ta saki zafi tare da wasu niyutiron biyu ko uku, su ma su je su tsaga wasu, abin ya riƙa bin juna kamar sarƙa. Irin yuraniyom ɗin da ke tsagewa cikin sauƙi, mai lamba 235, bai wuce kashi 0.7 cikin 100 na wanda ake haƙowa daga ƙasa ba, don haka yawancin tashoshi sai an tace musu shi ya kai kashi 3 zuwa 5. Ana matse shi ƙanana-ƙanana kamar kan ɗan yatsa, a jera cikin dogayen bututu na ƙarfen zakoniyom, a nutsar da su cikin ruwa a wata ƙatuwar tukunyar ƙarfe mai kauri. Akwai kuma sanduna masu haɗiye niyutiron, waɗanda da zarar an cusa su tsakanin bututun sai sarƙar tsagewar ta yanke. Wannan shi ne kashe tukunya.

Sai dai kashe tukunyar nukiliya bai yi kama da zare itace daga murhu ba. Garwashi yakan huce da kansa, amma gutsattsarin da yuraniyom ya bari bayan tsagewa suna ci gaba da ruɓewa, suna fitar da zafi da kuma hasken nan mai cutarwa da ido ba ya gani, wanda ake kira radiyeshin, kuma babu wani maɓalli a duniya da zai dakatar da hakan. A daidai lokacin da aka kashe tukunya, wannan zafi yana kai kashi 6 zuwa 7 cikin 100 na cikakken ƙarfinta. Bayan awa guda yakan sauko kusan kashi 1.5, bayan kwana guda kuma wajen rabin kashi ɗaya. Adadin yana da ƙanƙanta a ido, amma babbar tukunya mai ba da megawat 1,000 na lantarki tana fitar da zafi kusan megawat 3,000, don haka kashi 1 kawai megawat 30 ke nan, a cikin rufaffen wuri. Dole ruwa ya ci gaba da zagayawa, dole famfuna su ci gaba da aiki, famfunan kuwa wutar lantarki suke buƙata. Abin mamakin ke nan da wannan fasaha: tashar da ke bai wa miliyoyin gidaje wuta, ita kanta idan ta rasa wuta tana cikin haɗari.

Abin da ya faru a Fukushima ke nan. Girgizar ƙasar ta katse layukan da ke kawo wuta daga waje, janaretocin dizal na ko-ta-kwana suka tashi kamar yadda aka tsara. Sai igiyar ruwa mai tsayin kusan mita 14 zuwa 15 ta haye filin tashar, wanda yake mita 10 sama da teku, ta cika ɗakunan ƙarƙashin ƙasa inda aka ajiye yawancin janaretocin da allunan rarraba wuta da batura. Janareta guda da ya tsira a tukunya ta 6 shi ya ceci ta 5 da ta 6. A sauran kuwa ɗakunan sarrafawa suka yi duhu, har ta kai ma'aikata suna ciro batura daga motoci domin su iya karanta ma'aunin ruwa da na matsin tururi. Ruwa ya ƙafe, bututun makamashi suka fito fili, kuma da zafi ya haura digiri 1,200 sai ƙarfen zakoniyom ya fara haɗuwa da tururi yana haifar da iskar haidirojin. Ita ce ta tarwatsa ginin tukunya ta 1 ranar 12 ga Maris, da na ta 3 ranar 14, da na ta 4 ranar 15, alhali ita ta 4 babu ma makamashi a cikin tukunyarta, iskar ta biyo bututu ne daga maƙwabciyarta. Manajan tashar, Masao Yoshida, ya ci gaba da ɗura ruwan teku a tukunya ta 1 duk da umarnin da ya zo daga hedikwatar kamfanin cewa ya dakata.

An kwashe mazauna yankin da ke cikin kilomita 20 daga tashar, kuma jimillar waɗanda suka bar gidajensu ta haura mutum 150,000. Ya kamata a faɗi gaskiya a nan, domin ana yawan cuɗanya lissafin: mutum sama da 18,000 da suka mutu ko suka ɓace a wannan musiba, girgizar ƙasa da igiyar ruwa ne suka hallaka su. Kwamitin masana na Majalisar Ɗinkin Duniya da ke nazarin illar radiyeshin bai ga wata ƙaruwar cuta a tsakanin jama'a da za a iya jingina wa haɗarin ba. Amma kwashe mutanen kansa ya ci rayuka. A lardin Fukushima kaɗai an ƙididdige mutum sama da 2,000, yawancinsu tsofaffi da marasa lafiya, waɗanda wahalar gudun hijira da zaman sansani ta yi ajalinsu.

Da a ce batun ya tsaya a kan igiyar da ba wanda ya taɓa tsammani, da sai a ce ƙaddara ce a rufe babin. Takardu sun nuna akasin haka. Lokacin da aka gina tashar a ƙarshen shekarun 1960, an ɗauka cewa igiya mafi girma ba za ta wuce mita 3.1 ba, har ma aka sassaƙe tudun wurin mai tsayin kusan mita 35 aka mayar da shi mita 10, abin da ya sauƙaƙa janyo ruwan teku. A 2002 aka ɗaga ƙiyasin zuwa mita 5.7. A wannan shekarar ce kuma hukumar gwamnati mai binciken girgizar ƙasa ta yi gargaɗin cewa babbar girgiza mai haddasa sunami tana iya aukuwa a ko'ina a tsawon kwazazzabon tekun da ke gabashin Japan. A 2008 injiniyoyin TEPCO suka yi lissafi bisa wannan gargaɗi, suka sami mita 15.7. Shugabannin kamfanin ba su gina katanga ba, ba su kuma ɗauke janaretocin zuwa tudu ba, sai suka miƙa batun ga ƙungiyar injiniyoyi domin ƙarin nazari. Ba a sanar da hukumar sa ido wannan adadi ba sai ranar 7 ga Maris na 2011, saura kwana huɗu igiyar ta zo.

A gaɓar tekun guda, can arewa, akwai tashar Onagawa ta kamfanin lantarki na Tohoku, wadda ta fi Fukushima kusa da tsakiyar girgizar. Wani tsohon injiniyan kamfanin, Yanosuke Hirai, wanda ya san tarihin igiyar da ta mamaye yankin a shekara ta 869, ya dage cewa sai an gina tashar a tudu mai tsayin mita 14.8, aka kuwa yi hakan. Igiya mai kusan mita 13 ta zo ta koma, tukwanen suka tsaya lafiya, har ɗaruruwan mutanen ƙauyukan kusa suka sami mafaka a ɗakin wasannin tashar. Tun ran gini, tun ran zane. Amma abin da ya fi damuna a labarin Onagawa shi ne cewa tsirarta ta rataya ne a kan taurin kan mutum guda. Doka ba ta tilasta wa kamfanin wannan tsayi ba, kamar yadda ba ta hana TEPCO ta zauna a mita 10 ba. Ƙasa mai tukwanen nukiliya 54, waɗanda ke ba ta kusan kashi 30 cikin 100 na wutarta, ta bar irin wannan hukunci a hannun halin kowane kamfani.

Hukumar da ke da alhakin sa ido a lokacin, NISA, wani sashe ne a cikin ma'aikatar tattalin arziki da ciniki da masana'antu, ita ce kuma ma'aikatar da aka ɗora wa nauyin bunƙasa makamashin nukiliya a Japan. Minista guda ne ke bisa mai tallar haja da mai duba ingancinta. Jami'ai sukan yi 'yan shekaru a hukumar su koma wani sashe na ma'aikatar kafin su ƙware, saboda haka ilimin fasahar ya fi yawa a hannun kamfanonin da ake sa wa ido. Akwai kuma al'adar da Japanawa ke kira amakudari, wato saukowa daga sama, inda babban jami'in gwamnati ke ajiye aiki ya sami kujera mai maiƙo a kamfanin da ya taɓa kula da shi. Sakamakon ya bayyana a cikin ƙa'idojin kansu. Wata ƙa'ida ta 1990 ta ce ba lallai ba ne a yi tanadin ɗaukewar wuta na dogon lokaci, domin ana sa ran za a gyara layuka da wuri. Matakan tunkarar mummunan haɗari, irin narkewar makamashi, an bar su a matsayin ganin dama ga kamfanoni. Idan an fito da sabuwar ƙa'ida kuma, ba ta hawa kan tsofaffin tashoshi ta fuskar doka.

Kuma ba a ce ba a ga alamu ba. A 2002 ta bayyana cewa TEPCO ta daɗe tana sauya bayanan binciken tukwanenta tana ɓoye tsagewar da aka gani a jikin wasu sassa. Wani injiniya ne ya kai ƙorafi ga ma'aikatar tun a shekara ta 2000, ita kuwa ta bari kamfanin ya gane ko wane ne shi. Shugaban kamfanin ya yi murabus, aka tsayar da dukkan tukwanensa 17 a 2003, daga baya aka sake kunna su, tsarin sa idon kuma bai canja ba ta wani fanni mai muhimmanci. A watan Fabrairun 2011, wata guda kafin musibar, NISA ta amince tukunya ta 1, wadda ta fara aiki a 1971, ta ƙara shekara 10. Kwamitin bincike mai zaman kansa da majalisar dokokin Japan ta kafa ƙarƙashin Dakta Kiyoshi Kurokawa ya fitar da rahotonsa a watan Yulin 2012, ya ce haɗarin aikin ɗan Adam ne wanda ake iya hangowa a kuma kauce masa, kuma masu sa ido sun koma ƙarƙashin ikon waɗanda suke sa wa ido. Da Hausa, an bai wa kura ajiyar nama.

To, mene ne aikin hukumar sa ido idan tana aikinta? Ba ita ke tafiyar da tasha ba, kuma ƙa'idar da duniya ta yarda da ita ita ce nauyin tsaro na farko yana wuyan mai lasisi. Aikin hukumar shi ne ta tsaya a bakin kowace ƙofa da makulli a hannunta. Kafin a zaɓi fili sai ta gamsu da binciken ƙasa da ruwa da tarihin girgiza da yawan jama'ar da ke kewaye. Kafin a zuba kankare sai ta bi zanen tashar, wanda bayanansa kan kai dubban shafuka, ta tabbatar an jera matakan kariya ɗaya bayan ɗaya ta yadda idan na farko ya gaza na biyu zai tare, kuma musiba guda ba za ta cinye su a lokaci ɗaya ba. Wannan sharaɗi na ƙarshe shi ne ya karye a Fukushima, domin janaretoci da yawa ba su da amfani idan ruwa guda zai nutsar da su tare. Kafin a ɗura makamashi sai wani lasisin, ma'aikatan ɗakin sarrafawa ma kowanne sai ya ci jarrabawa. Daga nan sai bincike na yau da kullum har tsawon rayuwar tashar. A Amurka kowace tasha tana da aƙalla sufetoci biyu na hukumar sa ido kan nukiliya ta ƙasar, NRC, da ofishinsu yake a cikinta, suna shiga duk inda suka ga dama ba tare da neman izini ba.

Amurkar ma ba da haka ta fara ba. Tsohuwar hukumarta ta makamashin nukiliya ita ce mai bunƙasawa, ita ce kuma mai sa ido, sai da suka ya yi yawa majalisa ta raba ta da dokar 1974, NRC ta fara aiki a watan Janairun 1975. Haɗarin tashar Three Mile Island na ranar 28 ga Maris na 1979, inda kusan rabin makamashin tukunya ya narke amma ginin kariya ya riƙe mafi yawan gubar, shi ya tsananta batun horar da ma'aikata da tsarin ɗakin sarrafawa da shirin kwashe jama'a. Kusan kowace babbar ƙa'ida a wannan fage, idan aka bi sawunta, a bakin wani haɗari za a tarar da asalinta.

Akwai wata fahimta da ta yaɗu, cewa hukumar makamashin nukiliya ta duniya, IAEA, mai hedikwata a Viyana, ita ce 'yar sandar tashoshin duniya. Labaran Iran ne suka jawo wannan zato. Gaskiya ne hukumar, wadda aka kafa a 1957, tana da ikon bincike bisa yarjejeniya domin ta tabbatar ba a karkatar da yuraniyom zuwa ƙera makami ba. Amma a kan batun tsaron tasha daga haɗari, ƙa'idojinta shawara ne, tawagoginta sai ƙasa ta gayyace su suke zuwa, kuma ba ta da ikon rufe ko da tukunya guda. Bayan fashewar tashar nukiliya ta Carnobil a Yukren ranar 26 ga Afrilun 1986, wadda duniya ta fara jin labarinta bayan kwana biyu sa'ad da na'urori suka yi ƙara a tashar Forsmark ta ƙasar Suwidin, an ƙulla yarjejeniyar gaggauta sanar da haɗari a wannan shekarar, sannan aka ƙulla yarjejeniyar tsaron nukiliya a 1994, ta fara aiki a 1996. Sashe na 8 na wannan yarjejeniya ya buƙaci a raba hukumar sa ido da duk wata hukuma mai bunƙasa nukiliya, rabuwa ta haƙiƙa. Japan tana cikin ƙasashen da suka sa hannu, kuma tawagar IAEA da ta ziyarce ta a 2007 ta taɓo batun 'yancin NISA. Yarjejeniyar ba ta tanadi hukunci ba, iyakarta ƙasashe su taru su karanta rahotannin juna su yi tambayoyi.

Gyaran da Japan ta yi ya cancanci a dube shi da kyau, domin a nan ne ake ganin bambancin hukuma ta takarda da hukuma mai haƙora. A ranar 19 ga Satumban 2012 aka rushe NISA aka kafa sabuwar hukumar sa ido, NRA, aka cire ta daga ma'aikatar masana'antu aka jingina ta da ma'aikatar muhalli a matsayin hukuma mai cin gashin kanta, da kwamishinoni biyar waɗanda sai majalisa ta amince da naɗinsu. Shunichi Tanaka ne shugabanta na farko. Ana watsa tarurrukanta da kamfanoni a intanet. Sabbin ƙa'idojin da ta fitar a watan Yulin 2013 sun hau kan kowace tasha, tsohuwa da sabuwa, kuma wadda ba ta cika su ba ba za ta kunna ba. Tukunyar farko da ta tsallake, a tashar Sendai, sai a watan Agustan 2015 ta dawo aiki, kuma zuwa ƙarshen 2024 tukwane 14 kacal suka dawo. Hatta Onagawa da ta tsira, sai da ta gina katangar da ta kai mita 29 sama da teku, ta kuma jira har watan Oktoban 2024 kafin tukunyarta ta 2 ta sake tashi.

Hukunci biyu sun fi nuna inda aka kwana. A 2021 NRA ta hana TEPCO motsa makamashi a tashar Kashiwazaki-Kariwa, mai tukwane bakwai, wadda ta fi kowace girma a duniya ta fuskar ƙarfi, bayan an gano cewa wani ma'aikaci ya shiga ɗakin sarrafawa da katin shaidar abokin aikinsa, na'urorin gano kutse kuma sun lalace an bar su. Haramcin bai ɗagu ba sai a watan Disamban 2023. Sannan a watan Nuwamban 2024 hukumar ta ƙi amincewa da sake kunna tukunya ta 2 a tashar Tsuruga, domin kamfanin ya kasa tabbatar da cewa babu tsagin ƙasa mai motsi a ƙarƙashinta. Wannan ne karo na farko da aka ƙi wata tukunya ƙarƙashin sabbin ƙa'idojin. Abin lura shi ne inda aka ɗora nauyin hujja: ba a nemi hukumar ta tabbatar da akwai haɗari ba, kamfanin aka nema ya tabbatar da babu.

Wannan tsanani yana da farashi, kuma rashin adalci ne a ɓoye shi. Shekarun da tukwanen suka yi a kashe, Japan ta cike giɓin da iskar gas da kwal da mai na shigowa, kuɗin wuta ya tashi, hayaƙin da ke ɗumama duniya ya ƙaru. Masu sukar hukumar suna cewa bincikenta ya cika jan ƙafa, kuma a wasu lokuta suna da hujja. Matsin lambar ma bai gushe ba. Dokar bayan Fukushima ta ƙayyade rayuwar tukunya a shekara 40, da damar ƙarin 20 sau ɗaya, amma a 2023 gwamnati ta kawo sauyin da ya ba da damar cire shekarun da tukunya ta yi a tsaye daga lissafi, ta yadda za ta iya haura 60. Da batun ya zo gaban NRA, kwamishinoni huɗu suka amince, ɗaya, masanin ilimin ƙasa Akira Ishiwatari, ya ƙi. A ganina 'yancin irin wannan hukuma ba abu ne da ake bayarwa sau ɗaya a huta ba, domin duk lokacin da wuta ta yi tsada sai an sake gwada shi.

Ƙasashen da ke shirin shiga wannan fage a karo na farko su ne batun ya fi shafa. A nahiyar Afirka tasha guda ce ke aiki, Koeberg da ke kusa da Cape Town, tun 1984. Masar tana gina tukwane huɗu a El Dabaa tare da kamfanin Rosatom na Rasha tun 2022. Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa ta kafa hukumar sa idonta a 2009, ta ɗauko ƙwararru daga ƙasashen waje, kafin ta ba da lasisin gina tashar Barakah a 2012, kuma hukumar ba ta ba da lasisin fara aiki ba sai a watan Fabrairun 2020, bayan jinkirin da ya haɗa da batun shirin ma'aikata. Ghana ta yi dokar da ta kafa hukumar sa ido mai zaman kanta a 2015, ta raba ta da hukumar makamashin nukiliyarta. Nijar kuwa, wadda ake haƙar yuraniyom a Arlit tun 1971, nata kason na wannan sana'a ya fi karkata ga tulin dusar ma'adinin da aka bari, musamman bayan rufe mahaƙar Cominak a 2021, wanda shi ma aikin sa ido ne na shekaru masu yawa.

Najeriya tana da hukumar makamashin nukiliya wadda dokarta ta samo asali tun 1976, tana kuma da hukumar sa ido daban, NNRA, wadda dokar 1995 ta tanada, ta fara aiki a 2001. A takarda rabuwar ta samu. Mafi yawan aikin NNRA ya shafi na'urori masu radiyeshin da ake amfani da su a rijiyoyin mai da asibitoci da masana'antu. Tukunyar nukiliya guda da take kula da ita tana Zariya, a cibiyar binciken makamashi ta Jami'ar Ahmadu Bello, ƙirar ƙasar Sin, wadda ta fara aiki a 2004, aka kuma sauya mata makamashi zuwa marar tacewa sosai a 2018. Ta bincike ce, ƙarfinta kilowat 30 da 'yan kai. Irin tukunyar da Rasha ke ginawa a Masar tana fitar da zafi megawat 3,200, wato ta ninka ta Zariya kusan sau 100,000. An ambaci Geregu a jihar Kogi da Itu a jihar Akwa Ibom a matsayin wuraren da za a iya ginawa, an kuma sa hannu kan yarjejeniyoyi da Rosatom a 2017.

Tambayar farko da sufeto na gari zai yi a Najeriya ba ta ma shafi yuraniyom ba, ta shafi babban layin wutar ƙasa ne. Ƙa'idar da masana ke bi ita ce kada tukunya guda ta wuce kusan kashi 10 cikin 100 na ƙarfin layin da take zubawa, domin idan ta tsaya farat ɗaya kada ta ja ƙasar gaba ɗaya cikin duhu. Wutar da ke kan layin Najeriya a yawancin ranaku tana tsakanin megawat 4,000 zuwa 5,000, saboda haka tukunya mai megawat 1,200 za ta zama kusan rubu'insa. Ga shi kuma layin yana faɗuwa sau da dama a shekara, kuma kowace faɗuwa, ga tashar nukiliya, ita ce matakin farko na abin da ya faru a Fukushima: wutar waje ta tafi, rayuwar tukunya ta koma kan janareta da man dizal da wanda ya duba su a makon jiya. Hukumar da za ta iya duban gwamnatin da ta ciyo bashin biliyoyin daloli ta ce mata ba za a kunna ba sai an gyara layi, tana buƙatar kasafin kuɗin da ba ya hannun mai tashar, da shugabannin da ba a tsige su da sanarwar dare ɗaya, da injiniyoyin da albashinsu ya isa ya hana su tsallakawa zuwa kamfanin da suke bincika.

Kuma aikin nata ba ya ƙarewa ranar da tashar ta daina ba da wuta. Makamashin da aka gama amfani da shi sai ya yi shekaru a cikin tafkin sanyaya kafin a mayar da shi busassun rumbunan ƙarfe da kankare, kuma ya kasance mai haɗari na dubban shekaru. Finland ce ta yi nisa wajen haƙa masa makwanci na dindindin, a Onkalo, fiye da mita 400 a cikin dutse. Rushe tasha mai lafiya kan ci shekaru goma zuwa sama. A Fukushima Daiichi, wadda har yanzu take ƙarƙashin kulawar NRA, an fara sakin ruwan da aka tace zuwa teku ranar 24 ga Agustan 2023, kuma gwamnati da TEPCO suna riƙe da alƙawarin kammala rushewa zuwa 2051. An ƙiyasta cewa narkakken makamashi da tarkacen da ya haɗe da shi a cikin tukwanen uku ya kai tan 880. A watan Nuwamban 2024, bayan shekara 13, wani hannun ƙarfe da ake sarrafawa daga nesa ya ciro samfuri na farko daga tukunya ta 2, nauyinsa giram 0.7.